Wai jini nama ne?

Yayan Auta: Salamu alaikum. Wallahi raina a ɓace yake. Autarmu tana aji ɗaya na babbar sakandare, an yi musu gwajin bayoloji kan matakan ginin jikin mai rai. Ni na zauna da ita daren gwajin, a kan tabarma da fitilar waya, na jera mata tsanin. Ƙwayar halitta ce tubali. Ƙwayoyi masu aiki ɗaya su haɗu su zama nama, nama iri-iri ya haɗu ya zama gaɓa kamar zuciya, gaɓoɓi su haɗu su zama tsari kamar na narkar da abinci, daga nan sai cikakkiyar halitta. Aka tambaye su jini a wane mataki yake, ta rubuta na biyu. Malamin ya ja mata jan biro, wai jini ruwa ne, ba ya cikin tsanin. Maki 2 ta rasa, da su da ita ce ta ɗaya a ajin. Jini nama ne, ko an ƙi ko an so.

Ɗan Rundawa: Wa'alaikumus salam. Jini nama? Shekarata 20 a mayanka, ubana mahauci, kakana mahauci. Ban taɓa jin wanda ya ce a auna masa jini kilo guda ba. Gobe ka zo teburina in tsire maka shi.

Yayan Auta: Ba naman miya nake nufi ba, malam. Naman kimiyya.

Ɗan Rundawa: Nama ɗaya na sani, wanda wuƙa ke kamawa.

Nas Mai Aikin Dare: Yarinyar ta yi daidai, yayanta ne ya zaɓi kalmar da ta fi ƙarfinsa. Abin da ake kira tishu, wato mataki na biyun da ya kira nama, a jikin mutum kashi huɗu ne: mai rufi, kamar saman fata da shimfiɗar cikin hanji, tsoka, na jijiyoyin saƙo, sai mai haɗi. A cikin mai haɗin nan akwai ƙashi, guringuntsi, kitse da jini. Ka sa jini a kwalbar gwaji a juya shi a na'ura, za ka ga ya rabu: ruwa fatsi-fatsi a sama, kusan kashi 55 cikin 100, jajayen ƙwayoyi sun kwanta a ƙasa. Ƙwayoyi ne rayayyu a cikin ruwansu, ɓargo ke ƙera su, jar ƙwaya takan yi kwana 120 kafin a sauya ta. Ruwan famfo yana haka?

Bazazzagi: Hajiya, tishu kuma? Wanda ake goge hannu da shi bayan an ci tsire? Ashe abin da ke yawo a jikinmu ke nan.

Nas Mai Aikin Dare: Kai dai ba ka taɓa shiga magana ka bar ta da mutuncinta ba.

Ɗan Maraɗi: Dariyar Bazazzagi ba banza ba ce. Mu da muka yi lakkwal, kalmar da aka koya mana ita ce tisu, kuma a Faransanci yadi ke nan, abin da aka saƙa. Likitan Faransa Bichat ne ya karkasa jikin mutum zuwa irin wannan saƙa har 21, wajajen 1800, kuma ba da madubin ƙara girma ya yi aikin ba. Don haka ni a wurina "saƙa" ta fi "nama".

Bakano Na Kwari: Saƙa a ina? Mu ke sayar da yadi. Jini ba ya da zare ba ya da gefe. Ku mutanen Nijar komai sai kun jawo Faransa.

Ɗan Maraɗi: Ku kuma kun ari kalmar daga Ingilishi, Ingilishi ya ara daga Faransanci, kuka kai ta ban ɗaki.

Almajirin Zaure: Jama'a a yi hattara da harshe. Jinin da ya kwarara haramun ne a ci, yana nan a Suratul An'am, aya ta 145. Naman da aka yanka halal ne. Wanda ya ce jini nama ne, me yake son yara su fahimta?

Yayan Auta: Allah gafarta malam, ni ban ba da fatawa ba. Maki 2 nake magana.

Almajirin Zaure: Kuma ya zo a hadisi an halatta mana jini biyu, hanta da saifa. To kun ga hanta ma jini ce.

Nas Mai Aikin Dare: A hukuncin ci, malam, ba na ja da kai. A tsanin da ake magana kuwa, hanta gaɓa ce, mataki na uku. Ita ce mafi girma a kayan ciki, wajen kilo ɗaya da rabi a jikin babba.

Ɗan Rundawa: Gaɓa kuma? Yau na ji abin da ya fi na farko. Gaɓa ita ce inda ƙashi ya haɗu da ƙashi, inda nake sa wuƙa in raba cinya da ƙwauri. Hanta kayan ciki ce, ita da huhu, ƙoda, tumbi da saifa. Ku 'yan boko kun ƙwace mana nama, yanzu kun dawo kan gaɓa.

Bazazzagi: Ka godewa Allah ba ka ga littafin su Auta ba. A can albasa ma gaɓa ce.

Uwar Biyu: Ni duk wannan bai dame ni ba. Ɗana yana da sikila. Likita ya zana mini a bayan katin asibiti: matsalar daga sinadarin da ke cikin jar ƙwaya take, wuri ɗaya tak ya sauya. Sai ƙwayar ta lanƙwashe kamar lauje, ta toshe ƙananan hanyoyin jini, saifa ta wahala, ƙashi ya ɗau ciwo, yaro ya kwana yana kuka. Daga ƙasan tsanin abin ke hawowa har ya kayar da mutum. Ku kira shi nama ko yadi, ni na ga matakan da idona.

Nas Mai Aikin Dare: Allah Ya ba shi lafiya, Yaya. Ki riƙa ba shi ruwa sosai, a kiyaye shi da sanyi da sauro.

Bakano Na Kwari: Amin. Amma Bazazzagi bai ba ni amsar kuɗin shaddar da ya karɓa tun kafin azumi ba.

Bazazzagi: Wannan a wane mataki yake, na biyu ko na uku?

Admin: To ya isa haka. A matsayina na wanda ya shekara 15 yana riƙe da alli, ga abin da aka cimma. An yi ittifaƙi cewa jini ba nama ba ne, Ɗan Rundawa da malam sun tabbatar. Ke nan kuskuren daga gida ya taso, daga masu koyar da yara a tabarma ba tare da horo ba. Hajiya Nas ta kawo wasu bayanai, mun gode. Malamin makaranta yana da aji mai yara fiye da yadda benci zai ɗauka, ga albashi ba ya kai wata, bai kamata a kawo shi nan ana tsiga ba. Maganar shadda a koma gefe. Na rufe.

Yayan Auta: Admin, Nas fa cewa ta yi yarinyar ta yi daidai. Ka koma sama ka karanta.

Admin: Na ce na rufe.