Fifita ɗaliban gida a guraben ƙwarewar likitanci a Indiya: adalci ne?

Malamin jami'a: A Janairun 2025 Kotun Ƙolin Indiya, a shari'ar Tanvi Behl, ta haramta ware guraben karatun ƙwarewar likitanci ga mazauna jiha, amma ta amince jami'a ta fifita waɗanda suka yi digirin farko a wurinta, wato ɗaliban gida. A ganina an gudu ba a tsira ba, domin kashi 85 cikin ɗari na guraben digirin farko a kwalejojin gwamnatin jiha na kason jihar ne, saboda haka ɗalibin gida galibi ɗan jihar ne.

Babbar likita: Malam, ban yarda ba. Wanda ya shafe shekara biyar da rabi a asibiti ɗaya, ya san malamansa, ya yi kwanan aiki a ɗakunan jinyarsa, ya saba da cututtukan yankin da harshen majinyata, ya riga ya mallaki abin da jarrabawar rana ɗaya ba ta aunawa. Kotun ta karɓi wannan fifiko tun shari'ar Pradeep Jain a 1984, a 2003 kuma ta amince da shi har zuwa rabin guraben. Kuma kowa sai ya zauna jarrabawar NEET-PG, wato jarrabawar ƙasa ta shiga karatun ƙwarewar likitanci, su kansu 'yan gidan da maki ake jera su.

Sabon likita: Ranki ya daɗe, matsalar ita ce kwalejoji ba ɗaya suke ba. Wanda ya fito daga kwalejin da guraben ƙwarewarta ba su taka kara sun karya ba, yana iya fin ɗan babbar cibiya maki nesa ba kusa ba, amma ya rasa fannin da yake so. Abin da ya faru ke nan a AIIMS ta Delhi, wata babbar cibiyar koyar da likitanci, har kotu ta soke kason kashi 33 da cibiyar ta ware wa ɗalibanta a 2001, bayan ta ga masu ƙarancin maki suna samun fannonin da ake rububinsu.

Babbar likita: Ƙanena, wancan wuce gona da iri ne, shi ya sa aka rusa shi, amma kotun ba ta haramta fifikon gaba ɗaya ba.

Malamin jami'a: To, Dakta, a rage kason sosai, kuma a ƙayyade tazarar makin da idan ɗan waje ya fi ɗan gida da ita, ba za a fifita ɗan gidan a kansa ba. Rabin gurabe ya yi yawa.