Waɗanda suka yi karatu a Tarayyar Sobiyet: ina kuka fara kallon fim ɗin daren sabuwar shekara?

Tsohon ɗalibin Mosko:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Duk wanda ya yi sanyin Disamba a can ya san fim ɗin Ironiya Sudbi, wanda aka fara nunawa a talabijin ranar 1 ga Janairun 1976, daga nan ya zama abokin daren sabuwar shekara. Ina so kowa ya faɗi yadda ya fara cin karo da shi. Abin da ya sa na tayar da zancen, kowa ka tambaya sai ya ce fim ɗin darakta Eldar Riyazanov ne, alhali su biyu suka rubuta labarin da Emil Braginski, kuma wasan dandamali ne tun 1969 kafin a mayar da shi fim. An haifi Braginski a Mosko a 1921, shari'a ya karanta, ya taɓa aikin jarida, sannan ya tare a rubutu. Ni a ɗakin talabijin na masaukin ɗalibai na gan shi, ina shekarar koyon harshe. Rashawa na ta ƙyaƙyata dariya, ni kuwa sai bin bakinsu nake yi da ido.

Likitan Kharkov:
Wa alaikumus salam Yallabai. Ni wani abokin karatu ne ya kai ni gidansu. Uwarsa ta cika tebur da lemo da kwaɗon dankalin nan nasu, Olibiye, da ta ji ba na cin naman alade sai ta ware mini nawa daban da kaza. Suna kallo suna riga 'yan wasa faɗin maganarsu, har kakar gidan. Labarin dai likitan tiyata ne, Zhenya Lukashin, ya je gidan wanka da abokai ranar 31 ga Disamba, suka sha suka yi tatil, aka sa shi a jirgin Leningrad a madadin wani. Ya sauka ya faɗa wa mai tasi adireshinsa na Mosko, sai ga titi mai suna iri ɗaya, gida mai lamba 25, ɗaki na 12, makullinsa kuma ya buɗe ƙofar. A raina na ce wannan ai tatsuniya ce.

Injiniyan ƙarfe:
Likita, ba tatsuniya ba ce. Mu da aka tura koyon aikin ƙarfe saboda masana'antar ƙarfe ta Ajakuta mun zauna a irin waɗannan unguwanni. Benaye ne na kankare da ake zubawa a masana'anta a kawo a harhaɗa, launi ɗaya, tsayi ɗaya, kanti ɗaya a ƙasa. Idan dusar ƙanƙara ta sauka da daddare, ɗan gari ma sai ya tsaya karanta lamba. Har kayan ɗaki kusan iri ɗaya ne gida-gida, don abin da ya zo kanti shi kowa zai saya. Nan gwanintar Braginski take. Ya soki tsarin gine-ginen gwamnati a zamanin Brezhnev, ya naɗe sukar cikin labarin soyayya, ƙarshe ma aka ba su lambar yabo ta ƙasa a 1977.

Hajiya daga Zinder:
Ku yi haƙuri, ni ban taɓa sonsa ba. Namiji ya bugu ya kwanta a gadon matar da bai sani ba, ya kori saurayinta Ippolit wanda bai yi laifin komai ba, ya bar tasa budurwar tana jira a Mosko, a ce shi ne gwarzo? Mun yi wannan musu da 'yar ɗakinmu har ta yi fushi. Wanda na so cikin rubutunsu shi ne Sluzhebni Roman na 1977, shugabar ofishin ƙididdiga da kowa ke tsoro da ƙaramin ma'aikacinta mai rainon 'ya'ya biyu shi kaɗai. Malamarmu ta harshe da shi take koya mana yadda ake magana a ofis.

Likitan Kharkov:
Hajiya, kan Ippolit kam ina bayanki. Rashawa da yawa ma haka suke cewa yanzu.

Autan 'yan Leningrad:
Iyayena ku gafarce ni, ni a zamanin Gorbachev na je, bayan ya ƙaddamar da yaƙi da shan giya a 1985, ba a sayar da ita sai ƙarfe 2 na rana. Ana zuwa wurin gidan wanka a fim ɗin sai ɗakin ya ɗauki shewa. Amma Baba na Mosko, ban yarda an manta da Braginski ba. Malamanmu sukan ambace su tare, kamar Hassan da Hussaini.

Tsohon ɗalibin Mosko:
Auta, malaman jami'a daban, mutanen titi daban. Ka duba jerin abin da suka rubuta tare: Beregis Abtomobilya na 1966, ma'aikacin inshora da ke satar motocin masu cin hanci ya sayar ya aika kuɗin gidajen marayu, Garazh na 1979, taron 'yan ƙungiyar garejin mota da aka kulle a ɗaki dare guda suna tonon asirin juna, Bokzal dilya Duboyih na 1982 da ya je gasar finafinai ta Cannes. Duk fuskar Riyazanov aka sani, don yakan fito a ɗan ƙaramin matsayi cikin finafinansa, shi ne fasinjan da ke zaune kusa da Lukashin a jirgi. Braginski ya rasu a watan Mayun 1998, Riyazanov a 2015. Hajiya, kin kalli Garazh kuwa? Ina jin shi zai fi yi miki.

Hajiya daga Zinder:
Ban kalla ba Yallabai. Zan sa yaran nan su nemo mini a intanet, in dai Rashancin bai gudu ba.