Muhawara: Ma'anar ƙamus ce kaɗai Turanci, ta titi ɓata ce?

Malamin SS3: Ga matsayina, wanda ya ƙi ya kawo hujja. A daina yi wa ɗalibai bayanin Turancin titi a aji. Sick ciwo ne, fat ƙiba ce, cap hula ce. Da zarar ka ce wa yaro sick na iya nufin abu ya burge, ko akwai wani phat da ake furtawa daidai da fat amma yabo ne, ka ruɗa shi. A insha'in WAEC ana ba da maki na musamman ga ingancin harshe da kyan bayani, kuma mai duba takarda ba ya ɗaga ƙafa ga Turancin mawaƙa.

Mai fassara: Malam, a kan jarrabawa na yarda. Amma ka ce ɓata ce, nan muka rabu. Buɗe ƙamus na Oxford ka duba sick, za ka ga ma'anar yabon tana ciki da tambarin slang, wato Turancin titi, a gefenta. Ƙamus bai hana ba, gargaɗi ya yi. A 2023 ma rizz, wato iya jan hankalin wanda ake so, Oxford ta zaɓa kalmar shekara. A Janairun 2020 babban ƙamusunsu ya shigar da kalmomin Najeriya 29, har da okada da danfo da Kannywood. To wane ƙamus ne ke bayanka?

Malamin SS3: Shiga ƙamus daban, halatta a takardar neman aiki daban.

Malama mai koyar da furuci: Ku gafarce ni, malamai, duk kun tsallake inda gizo ke saƙar. Matsalar Bahaushe a kunne da baki take. Babu sautin th a Hausa, sai mu mayar da shi s. Thick ya koma sick, think ya koma sink. Ku lissafa abin da ke cikin waɗannan biyun kawai. Sick: rashin lafiya, a Ingila be sick yin amai ne, a bakin samari kuma abu ya yi kyau. Thick: kauri, a Ingila idan an ce mutum thick ne, daƙiƙi ake nufi, a Amurka kuwa mace mai cikar jiki, har suna rubuta shi thicc. Ma'ana shida ke nan sun taru a furuci ɗaya. Wanda bai san na titin ba, zai iya faɗin magana a kan 'yar'uwar mutum ya ɗauka jaje ya yi, alhali abin da aka ji daban ne.

Haka p da f. Namu f ɗin da leɓɓa biyu ake yinsa, tsakanin p da f na Bature yake, shi ya sa pat da fat, pull da full, pan da fan suke cakuɗe mana.

Baba ɗan fansho: 'Yata, bayaninki ya yi, amma ai hujjar Malam kika ƙarfafa. Idan yaro bai gama raba p da f ba, me ya kai shi phat? A fara da tushe.

Malama mai koyar da furuci: Ranka ya daɗe, tushen minti 10 ne a rana. A ɗauki kalmomi biyu-biyu, kamar guda 10: thick da sick, thin da sin, pat da fat, cap da cup, sheet da gajeren ɗan'uwansa da ba na rubutawa. Ga th, ɗan harshe tsakanin haƙora, a huro iska ba murya. Ga f, haƙoran sama a kan leɓen ƙasa. Ga p, a riƙe takarda a gaban baki. In ba ta motsa ba, ba a yi p ba. A naɗi murya a waya, a saurara washegari, a rubuta abin da aka ji. Inda aka fi faɗuwa shi ne a haddace daga allo ba tare da an saurara ba, sai ido ya gane, baki ya ci gaba da halinsa. Wannan horon kuma yana cikin abin da takardar furuci ta WAEC ke tambaya a tambayoyinta 60. Bayanin ma'anar titi kuwa layi ɗaya ne a ƙarshe: wannan ta hira ce, kada ta shiga insha'i.

Mai fassara: Batun sheet da beach ma mun fi wasu sa'a, tunda kunnenmu ya saba raba garin da ake zama da garin tuwo. A ja wasalin kawai. Wanda ya gajarta shi ya auka ashar bai sani ba, kuma ba zai san haɗarin ba sai an faɗa masa akwai ashar ɗin.

Sannan akwai waɗanda furuci ba ya raba su ko a bakin Bature. Dough da doe sauti ɗaya ne: na farko kwaɓin fulawa, a titi kuɗi, na biyu macen barewa. Bread da bred haka, kuma bread ma kuɗi ne a titi. Nan sai jimla. In ka ji no a gaban cap, ba hula ba ce, "ba ƙarya" ake nufi.

Malamin SS3: To ga iyakar sassaucina. Waɗanda ke jawo kunya ko ashar, a faɗa wa ɗalibi don ya kauce. Amma rizz da no cap, bana suna tashe, baɗi an manta. Phat ɗin ma tun shekarun 1990 ya yi zamaninsa. Ba zan ba su minti ɗaya daga darasin minti 40 ba.

Mai fassara: Dough a ma'anar kuɗi ya haura shekara 100 a bakin Amurkawa, Malam. Ba duka ke mutuwa ba.

Baba ɗan fansho: A koya musu karanta tambarin ƙamus, informal, slang, offensive, da alamar da ke nuna na Ingila ne ko na Amurka. Sauran su nema da kansu. Malama, turo mana cikakken jerin biyu-biyun nan, a sa da v da b, don vote da boat ma suna ba da wahala.