Neman shawara kan dokar wata ƙasar almara

Assalamu alaikum, 'yan'uwa marubuta. Ina rubuta ƙagaggen labari a nan Garwa game da wata ƙasa wadda duk abin da mutanenta suka tuna yake wanzuwa, abin da suka manta kuma ya ɓace. Na tsaya cik a babin da mazauna bakin wani kogi mai kama da Binuwai suka saɓa, domin dattawa suna tuna shi cike har cikin rani, matasa kuwa yashi kawai suka sani. Tunanin wa zai rinjaya? Idan na bi yawan jama'a, maganar dattawa ta faɗi, kuma raina bai kwanta da hakan ba ko kaɗan. Don Allah, wace doka za ta warware wannan saɓani ba tare da kogin ya rabu biyu ba?