Wane ne Voldemar Panso da ake ba mu misali da shi?

Ɗan Ƙofar Marusa:

Assalamu alaikum jama'a. Muna da 'yar ƙungiyar wasan kwaikwayo a nan cikin birnin Katsina, ajin wata firamare muke ara muna gwaji bayan la'asar. Abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne, duk yaron da ya fara iya tsayuwa a dandamali, muryarsa ta buɗe, sai ka ji ya tafi Kano neman shiga fim, mu kuma mu koma fama da sababbi. Na kai kukana wurin wani malamina, ya ce in nemi tarihin wani mutumin Istoniya mai suna Voldemar Panso. Don Allah wanda ya san shi ya taimaka.

Baba Mai Ritaya:

Wa alaikumus salam ɗana. A Mosko na yi karatu zamanin Tarayyar Sobiyet, lokacin Istoniya tana cikin Tarayyar, kuma wurin wani abokina ɗan Istoniya na fara jin sunan mutumin nan.

An haife shi a garin Tartu a 1920, ya rasu a Talin, babban birninsu, a 1977. Da wasa ya fara, a babban gidan wasan kwaikwayo na Talin, tun 1941, ana tsakiyar yaƙin duniya na biyu. Yana da kimanin shekara talatin, an riga an san fuskarsa, ya ajiye komai ya koma ɗalibi. Ya tafi GITIS, babbar makarantar koyar da wasan kwaikwayo ta Mosko, koyon aikin darakta, ya gama a 1955.

Ina jin abin da malaminka ke son ka gani shi ne abin da ya biyo baya. A 1957 ya buɗe sashen koyar da 'yan wasa a babbar makarantar kiɗa ta Talin, ya riƙe shi har ƙarshen rayuwarsa. Shekara huɗu ɗalibi ke yi, ana gyara masa numfashi da murya da tafiya, da yadda zai karanta rubutu ya gane abin da ke ƙarƙashinsa. Rukunin farko sun fita a 1961, cikinsu har da Mikk Mikiver, wanda ya zama shahararren ɗan wasa kuma darakta. Sai a 1965 Panso ya kafa gidan wasa na matasa, inda irin waɗannan yara za su sami wurin aiki, kuma a can ya shirya Hamlet, wasan marubucin Ingila Shakespeare, a 1966. Mikiver ɗin nan daga baya shi ya shugabanci wannan gida. Yau gidan ne ake kira gidan wasan kwaikwayo na birnin Talin, makarantar ma tana nan tana yaye ɗalibai. Wasannin da ya yi da jikinsa sai tsofaffi ke tuna su, amma ɗalibai da ɗaliban ɗalibansa su suka cika dandamalin ƙasar.

Na Bakin Kasuwa:

Allah ya ƙara wa Baba lafiya, amma a faɗa wa yaron nan ɗaya ɓangaren. Gwamnatin Sobiyet ce ke biyan albashin 'yan wasa, ita ke da ginin da fitilun. A madadin haka, ba wasan da zai hau dandamali sai hukuma ta duba ta yarda. Shi kuwa mai tambaya aji yake ara, yaransa da yawa sai sun tashi daga shago ko sun ajiye Keke Napep suke zuwa. Wanda ya tafi Kano abinci ya je nema, ni ban ga laifinsa ba ko kaɗan.

Malamar Hausa Daga Daura:

Gaskiya ne Malam, sai dai akwai abin da ba kuɗi ba ne. 'Yan Istoniya gaba ɗaya ba su kai miliyan ɗaya da rabi ba, jihar Katsina kaɗai ta ninka su sau da yawa. Duk da haka, a lokacin da Rashanci ne harshen mulki a Tarayyar, da harshensu Panso yake koyarwa, da shi yake shirya wasa, har manyan littattafan marubucinsu Tammsaare ya mayar wasan kwaikwayo. Wannan ya fi komai taɓa ni. Ina ganin 'yan ajina da azumi idan sun fita tashe, yarinyar da ba ta iya ɗaga kai a aji sai ga ta da zanen kakarta da sanda tana kwaikwayon tsohuwa, har rawar murya. Baiwar tana nan, mai zama da su ya gyara ne babu.

Ƙanena, ka daina lissafin waɗanda suka tafi a matsayin asara. Ka tsara abin da kake koyarwa mataki-mataki, ka rubuta shi a littafi, manyan yaranka su riƙa koya wa ƙanana tun kana wurin.

Ɗan Ƙofar Marusa:

Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Yaya, akwai biyu cikin manyan da zan iya ba su sababbi ranar Asabar. Baba, idan ba damuwa, ina son ƙarin bayani kan gyaran numfashi da murya, don ba mu da lasifika, kuma na bayan aji ba sa jin yaran.