Kati Outinen: gwaninta ce, ko fuska ce kawai ta dace da darakta?

Bala: Jama'a, ga maganata a fili. Yabon da ake yi wa Kati Outinen, jarumar nan ta ƙasar Finlan, ya wuce aikinta. Kyautar gwarzuwar jaruma da aka ba ta a bikin finafinai na Cannes a Faransa na 2002 ta Aki Kaurismäki ce, darakta ne ya yi aikin. Ba ta dariya, ba ta ɗaga murya, fuska a ɗaure daga farko har ƙarshe. Kowace mace mai irin wannan fuskar za ta iya tsayawa gaban kyamara ta yi shiru. Tun wajen 1920 mai shirya fim Lev Kuleshov ya gwada wannan a Rasha: ya ɗauki hoton fuskar ɗan wasa guda, ya haɗa shi da kwanon miya, da akwatin gawa, da wata mace a kishingiɗe. Masu kallo suka ga yunwa, suka ga baƙin ciki, suka ga sha'awa, alhali fuskar ba ta canja ba. Mai tace fim, wato mai yanka hotuna yana haɗa su, shi ne ya saka ma'anar.

Hajiya Rabi: Malam Bala, gwajin Kuleshov gaskiya ne, amma na daƙiƙu ne. Fim ɗin Kaurismäki Tulitikkutehtaan tyttö na 1990, labarin yarinyar da ke aiki a masana'antar ashana, ya doshi minti 70, kuma kusan duka a kan fuskarta yake. Ana shafe sama da minti goma kafin wani ɗan wasa ya buɗe baki. Dubi wurin gidan rawa. Iris, yarinyar da Outinen ta fito a matsayinta, tana zaune a benci cikin jerin mata, maza na zuwa suna ɗauke su ɗaya bayan ɗaya har ya rage ita kaɗai, da kwalaben lemo a gindin ƙafarta. Babu abin da mai tacewa zai saka a tsakani ya cece ta, domin kyamara na kanta. Abin da ke ba da labarin shi ne yadda take riƙe da kwalba, da inda take ajiye idonta, da yadda ba ta bin kowa da kallon roƙo. Da ta sunkuyar da kai ta yi kalar tausayi, da fim ɗin ya lalace, don yarinyar da za ta je kantin magani ta sayi maganin ɓera daga baya ba mai neman a tausaya mata ba ce.

Isyaku: Bari in shigo ta ɓangaren kyamara, don a nan ne maganar "kowa zai iya" take rushewa. Kaurismäki da mai ɗaukar hotonsa Timo Salminen da naɗin fim na milimita 35 suke ɗaukar hoto. Hoto 24 ke wucewa a daƙiƙa guda, wato ƙafa 90 na fim a minti ɗaya. Naɗi mai ƙafa 400 bai kai minti huɗu da rabi ba, mai ƙafa 1000 kuma minti 11 ne. Kowace ƙafa kuɗi ce, sannan ga kuɗin wanke hoton. An san Kaurismäki da ƙin yawan gwaji da ƙin maimaita ɗauka, sau da yawa ta farko yake riƙewa. To jarumar da ba ta san aikinta ba, me za ta ba shi a ɗauka ɗaya?

Ga abin da ke faruwa idan aka ce wa wanda bai ƙware ba ya tsaya cak. Na farko ƙiftawa: fitila na dukan ido, sai ya riƙa ƙiftawa ba kan gado. Na biyu haɗiyar yawu, wadda a ɗauka ta kusa ake ganinta ɓaro-ɓaro a maƙogwaro. Na uku, yana ƙoƙarin kada ya motsa sai ya riƙe numfashi, kafaɗa ta ɗaga, muƙamuƙi ya ƙame. Na huɗu shi ne mafi muni, ido ya mutu, domin babu abin da mutumin yake tunani sai "yaushe za a ce a yanke". Kyamara na kama wannan nan take. Outinen tana numfashi a sake, kafaɗa a ƙasa, kuma idonta na kan wani abu takamaimai a koyaushe. Ga kuma alamar tsayuwa a ƙasa. Hasken Salminen mai kaifi ne, da inuwa mai kauri, idan ka kauce wa alamarka da taki ɗaya rabin fuskarka ya shiga duhu, ko ka fita daga inda aka saita gilashin kyamara. Dole ka taka alamar ba tare da ka kalli ƙasa ba.

Bala: Malam Isyaku, abin da ka lissafa ladabin aiki ne, duk wanda ya yi makaranta ya iya shi. Ina tambaya a kan faɗin gwaninta. Tun daga Varjoja paratiisissa na 1986, inda ta fito mai karɓar kuɗi a kanti tare da jarumi Matti Pellonpää, har zuwa Le Havre na 2011, mace ɗaya muke gani: talaka, mai shiru, mai haƙuri.

Zainab: A'a Yaya Bala, ba mace ɗaya ba ce. Jera su ka gani. Iris ta masana'antar ashana kanta a ƙasa yake, tafiyarta ta wadda ba ta son a lura da ita. Ilona ta Kauas pilvet karkaavat na 1996 shugabar masu hidima ce a gidan abinci mai suna Dubrovnik, bayanta a miƙe, haɓa a sama, tana ba da umarni da ido. Ko bayan an sayar da gidan abincin ta rasa aiki, mijinta Lauri direban taragon cikin gari shi ma aka sallame shi, wannan miƙewar bayan ba ta tafi ba, kuma ita ce ke sa ka ji zafin ganinta tana yawon neman aiki. Irma ta Mies vailla menneisyyttä, fim ɗin da ya ba ta kyautar Cannes, ma'aikaciyar ƙungiyar agaji ta Salvation Army ce mai raba miya ga mazauna kwantena a gefen tashar jiragen ruwan Helsinki. Ita kuma taurinta na kaki ne da tsoron kusantar namiji, sai ta koma ɗakinta ta kunna kiɗa ita kaɗai. Jiki uku daban, tafiya uku daban.

Akwai kuma abin da ya faru da fim ɗin 1996. Pellonpää aka tanadar wa babban matsayi, sai ya rasu a 1995 yana da shekara 44. Kaurismäki ya sake rubuta labarin ya ɗora nauyin a kan Outinen. Hoton yaron da ke kan kanta a gidan su Ilona, ɗan da suka rasa, hoton Pellonpää ne yana ƙarami. Babu inda aka zauna aka yi bayanin mutuwar yaron. Tsayuwarta a gefen hoton nan ce ta faɗa. Darakta ba ya ɗora fim gaba ɗaya a kan wadda fuska kawai take da ita.

Malam Habu: Ni abin da ya dame ni shi ne ana magana kamar a titi aka tsince ta. An haife ta a Helsinki a 1961. Ta fara fitowa a fim ɗin Tapio Suominen na 1980 kan matasan makaranta, shekara shida kafin aikinta na farko da Kaurismäki. Ta yi makarantar koyon wasan kwaikwayo ta Helsinki a zamanin Jouko Turkka, malamin da ya yi suna wajen wahalar da jiki: gudu, gumi, ihu, matsa wa ɗalibi har ya kai maƙura. Daga nan ta yi shekara goma, 1984 zuwa 1994, a gidan wasan daɓe na KOM. A daɓe babu mai tacewa kuma babu ɗauka ta biyu. Muryarka dole ta kai layin ƙarshe ba tare da ka yi kururuwa ba, motsin hannu dole ya yi girman da na baya zai gani, kuma ka maimaita haka dare bayan dare. Wanda ya fito daga nan, matsalarsa a gaban kyamara ita ce yin yawa: gira na tashi, baki na buɗewa fiye da kima, murya na fin makirfo ƙarfi. Rage wannan ya fi ƙara shi wuya. Mai ɗaukar tulu cike da ruwa ba tare da ɗigo ya zuba ba, ba za a ce ba ya aiki don ba a ga yana tangaɗi ba.

Bala: Na yarda da tarihin daɓen, ban yarda ya amsa tambayata ba. Kuma kafin wani ya kawo cewa ta yi farfesa ta koyar da wasa a wannan makarantar daga 2002 zuwa 2013, iya koyarwa daban, iya yi daban. A Le Havre fa, wanda aka yi da Faransanci? Faransancinta a matsayin Arletty a daddatse yake, kalma-kalma, kamar mai karatu.

Hajiya Rabi: Ai ko da yarensu haka ake magana a finafinan Kaurismäki, da gangan. Mutanen Helsinki suna da harshen yau da kullum mai gajarta kalmomi, shi kuwa yana rubuta wa direba da mai shara cikakken harshen littafi. Wannan tarko ne ga ɗan wasa. Idan ka sa masa daɗin murya da lanƙwasa, sai ya zama wasan makarantar firamare. Idan ka karanto shi a bushe, sai ya zama sanarwar rediyo. Mafita ɗaya ce, tazara: yaushe za ka fara, daƙiƙa nawa za ka bari bayan maganar abokin wasanka, a kan wace kalma za ka juyo da ido. Dariyar da ke cikin finafinan nan daga wannan tazarar take fitowa, kuma a cikin ɗauka guda ake yinta, mutum biyu a hoto ɗaya, inda almakashin mai tacewa ba ya shiga. Sannan ga Juha na 1999, fim marar magana, baƙi da fari, inda ta fito a matsayin Marja. An ɗauke mata murya gaba ɗaya, kuma a can za ka ga ta saki fuska, tana murmushi da rawar kai a farkon labarin kafin bala'i ya same ta a birni.

Isyaku: Malam Bala, akwai gwajin da ya fi na Kuleshov dacewa da maganarka. A 2023 Kaurismäki ya fitar da Kuolleet lehdet. Darakta ɗaya, Salminen ne dai a kyamara, irin hasken nan, irin ɗakunan nan, har aikin kanti. Amma jarumar Alma Pöysti ce. Idan darakta ne ke yin komai, ya kamata sakamakon ya zama ɗaya. Bai zama ba. Shirun Pöysti mai taushi ne, murmushi na laɓe a gefen bakinta. Na Outinen yana da kaifi, kana jin cewa matar nan za ta iya yanke hukunci mai tsanani.

Bala: Wannan ya nuna fuskokinsu sun bambanta, kuma zaɓen fuska aikin darakta ne. A kawo mini babban matsayi da ta riƙe a hannun wani darakta wanda ya kai na Iris da Ilona da Irma.

Zainab: Yaya, wannan ma'aunin zai kayar da jarumai da yawa da suka yi fice a hannun darakta guda. Kuma alƙalan Cannes na 2002, ƙarƙashin darakta David Lynch, sun riga sun ba Mies vailla menneisyyttä babbar kyauta ta biyu, wadda ita ce ladan darakta. Ba su da dalilin ƙara masa wata da sunan jaruma. Ka koma wurin da ake jiran masu cin abinci a ranar buɗe sabon gidan abincin su Ilona a ƙarshen fim ɗin 1996, ka kashe sauti, ka bi hannayenta da idonta a kan ƙofa, ka ƙirga sau nawa aka yanke hoton a tsakani.