Neman shawara: an kawo giya rumfar da nake aiki a filin wasan jami'armu

Mai neman shawara:

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Iyayena da yayyena da malamaina, ina neman shawararku a kan wani al'amari da ya hana ni sukuni tun makonni biyu da suka wuce.

Ni ɗalibi ne mai karatun digiri na biyu a wata jami'ar gwamnati a Amurka, kuma shekaruna 25. Tun bara nake aikin wucin gadi a filin wasan jami'ar a ranakun Asabar da ake buga ƙwallon zari-ruga irin ta Amurka, inda nake tsayawa a wata rumfa ina sayar da gugguru da gyaɗa da lemo da ruwan gora. Wasannin da ake yi a gida ba su wuce shida ko bakwai a kaka ba, amma da yake idan an kammala su akan mayar da mu zauren ƙwallon kwando, abin da nake samu yana rage mini nauyin kuɗin haya, wani watan har in aika wa mahaifiyata ɗan abin cefane.

A bana jami'ar ta yanke shawarar sayar wa 'yan kallo giya a ko'ina cikin filin, alhali a da ɗakunan manyan baƙi kaɗai ake kai wa. An ajiye firij cike da gwangwanaye a rumfarmu, kuma manajanmu ya ce kowannenmu zai yi wani gajeren horo a kan duba katin shaida da gane wanda ya bugu. Ni Musulmi ne, ban taɓa shan giya ba, kuma zuciyata ba ta yarda in miƙa ta ga wani ba. Har yanzu ban ce masa komai ba, domin ina tsoron ya ɗauke ni mai kawo matsala ya sallame ni. Wani abokin aikina ya ce in tsaya wajen karɓar kuɗi kawai, shi zai riƙa miƙa gwangwanin. Shin wannan ya fitar da ni? Ina da haƙƙin neman a sauya mini wuri, ko kuwa barin aikin gaba ɗaya ya fi mini alheri?

Amsar wani malamin jami'a da ya daɗe a Amurka:

Wa alaikumus salam, ƙanena. A gabana aka yi wannan sauyin, saboda haka zan fara da abin da ba zai yi maka daɗin ji ba: kada ka sa rai jami'arku za ta janye. Lokacin da jami'ar West Virginia ta fara sayar da giya a filinta a 2011, ana kallon abin a matsayin baƙon al'amari. Texas ta bi sahu a 2015, Ohio State a 2016, sannan a 2018 hukumar NCAA mai kula da wasannin jami'o'i ta ɗage haramcin da ta sanya a gasanninta na cin kofi. A 2019 ƙungiyar SEC, wadda ta haɗa manyan jami'o'in kudu maso gabashin ƙasar kuma ta daɗe tana riƙe da haramcin, ta bar wa kowace jami'a ta zaɓar wa kanta. A jihar Michigan sai da aka gyara doka a 2023, kuma a 2024 filin jami'ar Michigan, mai ɗaukar mutum sama da 107,000, ya fara sayarwa. Ruwan da ya kai wuyan waɗannan manya, da wuya ya tsaya a ƙofar jami'arku.

Dalilin farko kuɗi ne, domin sassan wasanni suna kashe dukiya mai yawa, kuma suna fafutukar fito da mutanen da suka gwammace su kalli wasa a talabijin daga gida. Hujja ta biyu da shugabanni ke kawowa ita ce, jama'a sun saba taruwa a wuraren ajiye motoci sa'o'i kafin wasa suna gashi suna sha, kuma idan sun san babu giya a ciki sai su ɗirka da yawa a gaggauce kafin su shiga. A ganinsu gara a sayar a ciki da tsada, ƙarƙashin ido. Shi ya sa West Virginia ta haɗa sayarwar da hana fita a dawo lokacin hutun rabin lokaci. Ni kaina ban gamsu da wannan hujjar ɗari bisa ɗari ba, amma ita ce za ka ji a bakinsu.

Abin da ya shafe ka kai tsaye shi ne nauyin da tsarin ya ɗora wa mai tsayawa a kanta. Tun dokar tarayya ta 1984, wadda ta yi barazanar rage kuɗin manyan hanyoyi ga duk jihar da ta ƙi, shekarun sayen giya a Amurka 21 ne, alhali ɗimbin ɗaliban digiri na farko da ke cika filin ba su kai ba. Wannan ya sa ake duba kati, ake iyakance yawan abin da mutum zai saya a lokaci ɗaya, ake kuma rufe sayarwa kafin a tashi. Ƙa'idar da SEC ta kafa a 2019 ita ce a daina a ƙarshen kashi na uku cikin huɗu na wasan. Idan ka sayar wa wanda bai kai ba, dokar jiha tana iya hawa kanka kai da kanka, kuma baƙon da ke zaune da bizar karatu ba ya son sunansa a takardar ɗan sanda ko da sau ɗaya. Ko da babu maganar addini, da zan ce ka yi tunani sosai.

Amsar wani malamin addini:

Allah ya yi maka albarka, ɗana, da ka tambaya kafin ka aikata. Haramcin giya a aya ta 90 cikin Suratul Ma'ida sananne ne, kuma hukuncin bai tsaya kan mai sha kaɗai ba. A hadisin Anas ɗan Malik da Tirmizi da Ibn Majah suka ruwaito, Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya la'anci mutum goma game da giya, cikinsu har da mai ɗaukarta, da mai shayar da ita, da mai sayar da ita, da mai cin kuɗinta. Shawarar abokin aikinka ta fito daga kyakkyawar niyya, sai dai ba ta warware komai ba, domin karɓar kuɗi shi ne cinikin kansa. Wanda ya duba kati ya ce a ba wane, ya kuma karɓi kuɗinsa, ya sayar, ko da hannun wani ne ya ɗauko gwangwanin.

Kada ka damu da albashin da ka karɓa a baya, halal ne, tun da gugguru da lemo ka sayar. Maganar larura kuma ban ga ta taso ba, domin larura tana zuwa ne bayan ƙofofi sun rufe, kai kuwa ba ka ƙwanƙwasa ko ɗaya ba tukuna. Game da yin wani aikin daban a cikin filin, kamar duba tikiti a ƙofa ko nuna wa mutane kujerunsu, malamai sun yi saɓani a kan aiki a wurin da halal da haram suka cakuɗa. Abin da na fi karkata gare shi shi ne, idan aikin da kake yi halal ne a karan kansa, kuma a kansa ake biyanka, babu laifi, musamman ga ɗalibin da ke baƙunta. Ka je wurin limamin masallacin garinku ka kwatanta masa yadda wurin yake, domin shi yana ganin abin da ni ba na gani daga nan.

Amsar wata Hajiya mai aiki a ofishin kula da ma'aikata:

Ɗana, ka cire tsoron nan daga ranka, domin abin da kake son nema doka ta san da shi. Sashe na bakwai na dokar kare haƙƙin jama'a ta 1964 ya wajabta wa duk mai ɗaukar ma'aikata 15 ko fiye ya yi wa ma'aikaci sassauci saboda addininsa, matuƙar hakan ba zai jefa harkarsa cikin wahala mai yawa ba, kuma kariyar ta haɗa da baƙin da ke aiki a ƙasar. A 2023 Kotun Ƙoli ta ƙara ƙarfafa wannan a shari'ar wani ma'aikacin gidan waya Kirista da ya ƙi aiki ranar Lahadi, inda ta ce ɗan ƙaramin takura bai isa hujjar ƙin sassauci ba. Kafin nan, a 2015, wata kotun tarayya a jihar Illinois ta ba wasu direbobin manyan motoci biyu Musulmi 'yan asalin Somaliya diyyar dala 240,000 bayan an kore su saboda sun ƙi ɗaukar lodin giya. Ban kawo waɗannan don ka je da faɗa ba. Na kawo su ne don ka san cewa manajan da ya san aikinsa ba zai ga buƙatarka a matsayin raini ba.

Ka rubuta masa saƙon imel gajere cikin ladabi, ka ce addininka ya hana ka sayar da giya, kana son ci gaba da aiki, sannan ka kawo mafita da kanka: rumfar da ba ta da giya, shagon riguna da huluna, ko ƙofar shiga. Ka ajiye kwafin saƙon da amsarsa.

Akwai wani abu da ya fi damuna, wanda ba ka ambata ba. Wa yake biyanka, jami'ar ce ko wani kamfanin da aka ba kwangilar rumfunan? Bizar karatu ta F-1 ta ba ka damar aikin cikin makaranta na awa 20 a mako lokacin karatu, kuma aiki da kamfanin waje yana shiga wannan lissafin ne idan hidimar ɗalibai yake yi, kamar kantin littattafai ko ɗakin cin abinci. Kafin ka karɓi kowane sabon wuri, ka je ofishin ɗaliban ƙasashen waje su tabbatar maka a rubuce.

Amsar wata ɗaliba mai karatun digiri na uku:

Yayana, ina girmama bayanin Malam, kuma ba hukunci zan yi magana a kai ba, yanayin wurin zan faɗa. Na yi kaka ɗaya ina duba tikiti a wani filin da ake sayar da giya. Wasan da a agogo minti 60 ne yakan ci sama da awa uku, kuma idan lokacin rufe sayarwa ya gabato, za ka ga layi ya miƙe kowa yana son ya saya na ƙarshe. Mai tsaron ƙofa da mai nuna kujera su ne ke fara haɗuwa da wanda ya bugu, tun daga masu shigowa daga wurin motoci har zuwa masu fita. Sallar La'asar da Magariba ma sukan same ka a tsakiyar wannan hayaniyar. A ƙarshe na koma ɗakin karatu, kuɗin ya ragu kaɗan amma hankalina ya kwanta.

Kuma kada mu ɗauka kowa ya sallama. Jami'ar Brigham Young da ke Utah, mallakar cocin Mormon, ba ta yarda da giya a harabarta ko filinta, kuma tana buga manyan gasanni kamar kowa. Don haka ba kai kaɗai ba ne a ƙasar nan da addini ya hana. Shawarata ita ce ka nemi sauyin kamar yadda Hajiya ta ce, amma tun yau ka fara cika takardun neman aiki a ɗakin karatu ko a sashenku, domin guraben sukan ƙare a farkon zango.

Mai neman shawara:

Na gode ƙwarai, Allah ya saka wa kowa da alheri. Hajiya, na duba takardar albashina, jami'ar ce take biyana kai tsaye. Na aika saƙon jiya da dare, kuma manajan ya amsa da safiyar yau cewa akwai gurbi a shagon riguna, sai dai ba zai samu ba sai bayan wasanni biyu, kuma sunana yana nan a jadawalin rumfar giyar na wannan Asabar. Yaya zan yi da ita?

Amsar Hajiya:

Madalla, ɗana. Kada ka ƙi zuwa ba tare da sanarwa ba, domin hakan zai zama laifin aiki da za a iya riƙe ka da shi. Ka sake rubuta masa yau, ka gode masa, ka karɓi gurbin shagon, sannan ka roƙi ɗayan biyu game da Asabar ɗin nan da mai zuwa: ko a yarda ku yi musanya da wani da ke rumfar da babu giya, ko a ɗauke maka ranakun ba tare da biya ba. Idan ka san abokin aikin da zai yarda da musanyar, ka yi magana da shi tukuna ka sa sunansa a cikin saƙon. In Alhamis ta yi bai amsa ba, ka ɗauki kwafin saƙonnin ka kai ofishin kula da ma'aikata na jami'ar da safe.